Ɗana bai riƙe wuƙa ba, don me aka haɗa shi da waɗanda suka yi sukar?

Wannan wasiƙa ta zo ne daga wata uwa a unguwar Zango, nan Damagaram. Na rage mata tsawo, na kuma cire sunaye.

“Ɗana yana da shekara 22, kabu-kabu yake yi da moton wani, kullum yana kai masa kuɗin yini. Wata biyu da suka wuce, bayan isha'i, abokinsa na fada, wato majalisar samari, ya ce ya kai shi Sabon Gari shi da wani, zai karɓo cikon kuɗin wayar da ya sayar, jika goma sha biyar. Ya kai su, ya tsaya a bakin lungu. Can sai ga su a guje, suka haye moton suka ce ya ja. Ashe sun soki yaron da ake bin bashin, a ciki da kafaɗa. An yi masa aiki a asibiti, Allah ya sa da sauran kwanansa. Bayan kwana biyu aka kama su duka ukun, yanzu suna gidan kaso, an ce laifinsu yunƙurin kisan kai. Ɗana ya rantse mini bai san da wuƙa ba. Amma ƙanwarsa ta ce akwai saƙon murya a tsohuwar wayarsa da ke gida, inda abokin yake cewa gobe za su koya wa yaron hankali. Ƙanena ya ce mu goge saƙon, mu samo mutum biyu su ce a gida ya kwana. Wani kuma ya ce in sayar da filina a ga manya. Ta yaya za a hukunta wanda bai taɓa kowa ba? Me zan yi?”

Hajiya, Allah ya ba ki haƙuri da juriya, ya kuma ba yaron da aka soka lafiya, don shi ma akwai uwar da ba ta barci saboda shi. Zan gaya miki yadda abin yake, da mai daɗi da marar daɗi, saboda wanda zai shiga shari'a irin wannan gara ya shiga da idonsa a buɗe.

Tambayarki ta farko, amsarta ita ce: eh, doka tana iya hukunta wanda hannunsa bai taɓa wuƙa ba. Kundin hukunta laifuka na Nijar, wanda aka fara kafawa a 1961 bisa tsarin da aka gada daga Faransa, ya tsayar da ƙa'idoji biyu da suka shafi ɗanki. Ta farko, wanda ya fara aikata babban laifi, bai kuma fasa don raɗin kansa ba, sai dai wani abu ne ya hana aikin kaiwa ƙarshe, kamar a ce mutane sun kawo ɗauki ko likita ya ceto ran, to a idon doka daidai yake da wanda ya gama. Ta biyu, mai taimaka wa mai laifi yana fuskantar irin hukuncin da mai laifin yake fuskanta. Taimakon ya haɗa da zuga mutum da kuɗi ko alkawari ko barazana, da ba shi umarni, da ba shi makami, da kuma dafa masa wajen shirya aikin ko aiwatar da shi. Kai mutum wurin da zai yi ɓarna a kan moto, da jiran sa don a gudu da shi, yana cikin wannan. Shi ya sa aka tsare ɗanki, kuma tsarewar ba abin mamaki ba ce ga duk wanda ya saba da kotu.

Amma dokar ta ɗora sharaɗi guda, kuma a kansa ne duk shari'ar ɗanki za ta juya: sai in ya taimaka yana sane da abin da za a yi. Ɗan kabu-kabu yana ɗaukar mutane da yawa a yini, ba ya laluben aljihunsu. Zama a fada ɗaya ba laifi ba ne, abota ma haka. A unguwa mukan ce abokin ɓarawo ɓarawo ne, amma alƙali ba ya yanke hukunci da wannan karin magana. Nauyin tabbatar da cewa ɗanki ya sani yana wuyan mai gabatar da ƙara na gwamnati, ba ɗanki ne zai tabbatar da cewa bai sani ba. In kuma aka gama bincike shakka ta rage, wanda ake tuhuma ne yake cin moriyarta.

Kuma abu biyu ne ake bukatar tabbatarwa, ɗaya a kan ɗaya. Da farko sai an nuna cewa shi mai wuƙar kisa ya nufa, ba rauni kawai ba. Wannan shi ne bambancin yunƙurin kisa da laifin duka da raunatawa da gangan, kuma tazarar hukuncinsu tana da faɗi ƙwarai, don na farko yana iya kaiwa ɗaurin rai da rai. Tun da ba a buɗe ƙirjin mutum a karanta abin da ke ciki, alƙalai suna duba abin da ya bayyana: wane irin makami ne, ina aka nufa a jiki, sau nawa aka soka, da wane ƙarfi, me aka furta lokacin. Wuƙa a ciki ko wuya ko ƙirji tana nuna abin da bulala a baya ba ta nunawa. Takardar da likitan da ya yi aikin ya rubuta tana da nauyi sosai a nan. Ba zan ɓoye miki ba, suka biyu, ɗaya a ciki, abu ne mai wuyar karewa ga wanda ya yi shi. Sai dai wannan matsalar abokin ce. Bayan an gama da ita ne ake zuwa mataki na biyu, a tambaya: shi mai moton, ya san da wannan nufi, ya kuma yarda ya sa hannu?

Wannan rarrabewa ba baƙuwa ba ce a wurinmu. A cikin Muwaɗɗa, Imamu Malik ya yi magana a kan mutumin da ya riƙe wani, na biyu ya buge shi har ya mutu. Ya ce in mai riƙon ya san kisa ake nufi, hukuncinsu ɗaya ne da mai bugun. In kuwa a zatonsa duka ne irin wanda mutane suka saba yi, bai zaci kisa ba, to ba a kashe shi, amma a yi masa horo mai tsanani a kuma ɗaure shi shekara guda. A littafin nan dai aka ruwaito cewa Sayyidina Umar ya zartar da kisasi a kan mutum biyar ko bakwai da suka haɗu suka kashe mutum ɗaya, ya ce da mutanen birnin Sana'a duka ne suka haɗa baki a kai, da duka ya hukunta su. Kotun laifuka a Nijar ba da fiƙihu take aiki ba, da rubutacciyar dokar ƙasa take aiki, al'ada kuwa an bar mata sha'anin aure da gado da gonaki. Na kawo wannan ne don ki ga hankalin ɗaya ne: hannu ɗaya ne ya yi aikin, amma ana auna kowa da gwargwadon abin da ya sani, kuma akwai matsayi na tsakiya, wanda ba mai kisa ba ne, ba kuma wanda ya fita fes ba.

Ina jin a wannan matsayi na tsakiya ne haɗarin ɗanki yake, kuma saƙon muryar nan shi ne dalili. “Za mu koya masa hankali” ba ya nufin “za mu kashe shi”. Duk wanda ya zauna kusa da fadar samari a garin nan ya ji wannan magana, sau da yawa ba ta wuce cacar baki ko mari. Lauya mai ƙwazo zai tsaya a kan haka. Amma maganar tana rushe cewa ɗanki ya ɗauka karɓar kuɗi kawai za a je. In ya saurari saƙon kafin daren, to ya san akwai rigima a gaba, ya kuma ɗauki mutum biyu, ba ɗaya ba, da dare. Wanda ya yarda a je a yi duka, kotu tana iya ɗora masa alhakin raunin da ya biyo baya, ko da ta yarda cewa bai nufi kisa ba. Akwai wani hukunci sananne na babbar kotun Faransa, na shekarar 1955, wanda masu karatun shari'a ke kira shari'ar Nicolaï: mutum ya ba wani bindiga ya je ya tsorata wanda yake bi bashi, ɗan aiken bai same shi ba, ya yi faɗa da wani dabam a gidan ya harbe shi. Kotu ta ce mai aiken ba abokin tarayya ba ne a kisan, domin abin da aka aikata ba shi ne abin da suka shirya ba. Hukuncin Faransa ba ya ɗaure alƙalin Nijar, ko da yake lauyoyinmu suna kafa hujja da irinsa. Sai dai ki lura, a can wani mutum dabam aka kashe, a nan kuwa wanda aka je nema shi aka soka. Don haka hujjar ɗanki ba za ta zama “ba wurinsa muka je ba”, sai dai “ban san da makami ba, ban kuma san abin zai kai haka ba”.

To da me ake gane ko ya sani? Da ƙananan abubuwa, Hajiya, waɗanda ke da ke gida ba za ki ɗauke su bakin komai ba. Alƙali mai bincike zai tambaya: wa ya ce a tsaya a bakin lungu maimakon ƙofar gidan? Moton a kunne yake ko a kashe? An juya kansa wajen titi tun kafin su dawo? Fitilar a kunne take? An biya shi kuɗin kai da kawowa kamar kowane fasinja, ko abokin ne ya zuba masa mai tun da rana? Wuƙar a ina take lokacin da suke tafe, cikin riga ko a hannu, kuma wanda ke manne da bayansa a kan moto zai iya ɓoye masa ita? Ya san gidan yaron tun da, ko shi ya nuna musu? Akwai tsohuwar gaba tsakaninsa da yaron? Sun tsaya jiran fitowarsa? Wannan ta ƙarshe tana da nauyi na musamman, domin kwanton ɓauna ko shiri tun kafin lokaci yana mayar da laifin zuwa mataki mafi tsanani. Ba ɗaya daga cikin waɗannan da ke isa hujja shi kaɗai. Moto a kunne yana iya zama na mai jiran gudu, yana kuma iya zama na wanda batirinsa ba ya tashi sai da turi. Haɗuwarsu ce take gina wa alƙali tabbaci ko ta rushe shi.

Gudun da ya yi da su bayan abin ya faru shi ne abin da ya fi tsorata iyaye, amma a shari'a bai kai abin da ya gabata nauyi ba. Ƙa'idar ita ce taimakon da ke sa mutum ya zama abokin tarayya shi ne wanda aka yi kafin aikin ko lokacinsa. Wanda aka yi daga baya ba ya shiga, sai in tun farko an yi alkawarinsa, kamar a ce “ka jira mu, da mun fito ka ja”. Yaro mai shekara 22 da mutum biyu suka faɗo wa a moto, ɗaya da jini a hannu, jama'a na ihu a baya, tsoro kaɗai ya isa ya sa shi ja. Abin da zai taimake shi shi ne abin da ya yi washegari. In ya fita aikinsa kamar kullum, ya kai wa mai moton kuɗinsa, bai ɓuya ba, bai tsallaka iyaka ta Magarya ko Matamaye ba, to wannan abin faɗa ne a gaban alƙali, kuma mai moton shaida ne na gaskiya da ya kamata a nemi a saurare shi.

Yanzu shawarar ƙanenki. Na san ƙauna ce ta sa ya faɗe ta, amma ita ce hanya mafi sauri ta halaka yaron nan. Saƙon da ke wayar gida yana nan a wayar wanda ya aiko shi, kuma mai yiwuwa tana hannun masu bincike tun ranar kamu. Alƙali mai bincike yana da ikon neman bayanan kira daga kamfanin waya, ya ga wa ya kira wa, da ƙarfe nawa. Abokan nan biyu sun riga sun faɗi wanda ya kai su, mutanen lungun sun ga moto. In aka kawo mutum biyu suka rantse a gida ya kwana, ranar da aka haɗa su gaba da gaba da sauran a ofishin alƙali maganar za ta watse cikin mintoci kaɗan. Daga nan kuma duk abin da ɗanki ya faɗa, har da gaskiyar cewa bai ga wuƙa ba, ba mai sake yarda da shi. Shari'ar da ta rataya a kan abin da ke cikin zuciya, jarin wanda ake tuhuma shi ne a yarda da bakinsa. Ga shi kuma shaidar zur, da sa wani ya yi ta, da ɓatar da hujja, kowanne laifi ne mai zaman kansa, sai a wayi gari mutum ɗaya ake kai wa abinci a kaso, ya zama uku. Allah ma ya ce mu tsaya da adalci, mu yi shaida dominsa ko da a kan kanmu ne ko iyaye da dangi, a aya ta 135 cikin Suratun Nisa'i. Ki ɗauki wayar nan ki kashe ta, ki sa a akwatinki ki kulle, kada ƙanwarsa ko wani ya sake taɓa ta, sai lauya ya saurari saƙon. Wataƙila ma akwai abin da zai amfane shi a ciki: ko bai buɗe saƙon ba sai bayan faruwar abin, ko ya amsa da cewa shi ba ruwansa da faɗa.

Filinki kuwa kada ki sayar don a ga kowa. Masu cewa sun san hanya suna da yawa a bakin kowace kotu, su karɓi kuɗin uwa mai kuka su ɓace, in kuma an kama, mai bayarwa da mai karɓa duka masu laifi ne. In har za ki kashe kuɗi, ki kashe a kan lauya. Gaskiya ne yawancin lauyoyin ƙasar nan a Yamai suke zaune, kusan kilomita 900 daga nan, kuma ɗauko ɗaya ba ƙaramin abu ba ne. Amma akwai hukumar ƙasa ta taimakon shari'a, ANAJJ, wadda aka kafa da dokar 2011 domin marasa ƙarfi, tana da ofishi a manyan kotuna. Ki je babbar kotun Zinder, wato nan Damagaram, ki tambayi ofishin nasu, ki tafi da takardar shaidarki da duk takardar da aka ba ki game da ɗanki. A babban laifi irin wannan ba a yi wa mutum shari'a ba tare da mai kare shi ba, in ba shi da shi kotu za ta naɗa masa. Sai dai kada ki jira ranar shari'a, domin aikin gaske yanzu ake yin sa, a ofishin alƙali mai bincike. Shi ne yake tattara abin da ke kan ɗanki da abin da ke wanke shi, kuma a ƙarshen bincikensa yana iya cewa babu isasshiyar hujja a sake shi, ko ya sauya tuhumar zuwa mai sauƙi, ko ya tura shi gaban kotun manyan laifuka. Lauya yana iya karanta takardun shari'ar, ya nemi a saurari shaidu, ya nemi sakin talala, in an ƙi ya ɗaukaka ƙara, kotun ɗaukaka ƙarar ma a nan Zinder take. Ban ce za a ba da talalar ba, a tuhuma mai nauyi haka ba ta da sauƙi, amma mai sana'a da tabbataccen mazauni, wanda bai taɓa shiga hannu ba, yana da abin da zai nuna.

Ki kuma tambayi ɗanki abin da ya sa wa hannu a wurin ƴan sanda. Da Faransanci ake rubuta bayanin, yaranmu da yawa kuma suna dangwala yatsa a kan abin da ba a karanta musu da Hausa ba. “Na san za su je wurinsa” da “na san abin da za su yi masa” jimloli ne biyu da suke iya narkewa su zama ɗaya a hannun mai rubutu da ya gaji. Alƙali ba ya ɗaure da wannan takarda, ɗanki yana da damar gyara abin da aka rubuta ba daidai ba, yana da damar neman tafinta, da kuma cewa ba zai yi bayani ba sai lauyansa yana wurin. Amma gyara sau ɗaya ake yin sa, da dalili. Wanda yake sauya magana duk zama, kansa yake yi wa illa.

Game da iyayen yaron da aka soka, ki je. Kada ki je ke kaɗai, ki sa mai unguwarku ko limaminku ya yi muku jagora, bayan kin shaida wa lauya. Ki duba marar lafiya, ki ba da haƙuri, in da hali ki taimaka da kuɗin magani, don aikin ciki yana cin kuɗi kuma yaron zai daɗe bai koma nema ba. Amma kada kalma ɗaya ta fito daga bakinku ta neman ya sauya abin da ya gani ko ya janye ƙara. Ko ya yafe, ko an yi sulhu a gaban manya, shari'ar ba ta tsayawa, domin ƙarar babban laifi ta gwamnati ce, ba tasa ba. Abin da yafiyar take yi shi ne ta sassauta zukata, alƙali kuma yana da ikon rage hukunci in ya ga dalilan sassauci. Doka ta ce hukuncin mai taimako irin na mai aikatawa ne, amma wannan iyaka ce ta sama, ba dole ne a ba su shekaru daidai wa daida ba.

Abu mafi wuya na bar miki a ƙarshe. Ɗanki ya rantse miki, na kuma san zuciyar uwa tana son ta tsaya a nan. Amma yaro yana iya rantse wa uwarsa don kunya, ba don mugunta ba. Ki nemi takardar izinin ziyara a wurin alƙalin da ke riƙe da shari'ar, ki je ki same shi, kada ki tambaye shi komai game da daren a gaban mutane. Ki ce masa kawai: duk abin da ya faru, tun daga hirar fada har zuwa inda ya sauke su, ya faɗa wa lauya shi duka, har da abin da yake jin nauyin faɗa miki. In ya ga wuƙar a hanya ya rasa yadda zai yi, ya faɗa. In ya san za a yi duka, ya faɗa. Lauya ba ya fitar da sirrin wanda yake karewa, kuma kariyar da zai gina wa wanda bai san komai ba dabam take da wadda zai gina wa wanda ya san rabi. Ki kuma gargaɗe shi kada ya zauna da abokan nan biyu a cikin kaso su tsara magana ɗaya, domin maslaharsa da tasu ta riga ta rabu: mai wuƙar zai so a ce duka tare aka shirya don nauyin ya rarrabu, ɗanki kuwa bukatarsa a ware abin da kowa ya sani. Saboda haka ma, in za a naɗa musu mai kariya, ki roƙa a ba shi nasa shi kaɗai.